Yadda Ake Auna Shigar Dattijo Cikin Harkokinsa na Yau da Kullum

Ma'aikatan sashen gashi, nas-nas da ma'aikatan lafiya a matakin farko a nan Gombe sun sha aiko da tambaya ɗaya: idan an sallami dattijo daga asibiti bayan shanyewar ɓarin jiki ko karayar ƙugu, ko kuwa tsufa ne kawai ya fara cin ƙarfinsa, ta yaya ake gane abin da ya rage a hannunsa na harkokinsa? Asalin aikin na masu jinyar mayar da mutum kan ayyukansa ne, fannin da ake kira okupeshinal terafi, wanda hukumar MRTB ke ba masu yin sa lasisi a Najeriya. Ƙwararrun fannin ba su da yawa a wannan yanki, shi ya sa aikin kan faɗo a hannun wanda ke kusa.

Ka riƙe abu ɗaya tun daga nan. Abin da mutum zai iya yi daban, abin da yake yi a gidansa daban, kuma tsarin ICF na rarrabe aikin jiki da nakasa, wanda Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2001, ya raba su a fili. Dattijo zai yi taku hamsin a barandar asibiti kowa ya yi murna, alhali wata huɗu ke nan bai leƙa masallacin ƙofar gidansa ba. Na biyun shi muke nema.

1. Haɗa kayan aiki

Kana buƙatar tef ɗin awo irin na magina, alli ko gawayi na sa alama a ƙasa, agogon waya mai ƙirga daƙiƙa, na'urar awon hawan jini, kujera mai hannu wadda tsayin mazauninta ya kai kusan santimita 46, ƙwayar wake goma a leda, da takardun awo. Takardun Katz da na Lawton, masu auna yadda mutum ke yi wa kansa hidimar yau da kullum (mataki na 5), shafi ɗai-ɗai ne, kuɗin hoto-kwafi kawai za su ci. Fom ɗin COPM na ainihi, wanda mutum ke zaɓar matsalolinsa ya ba su maki a ciki (mataki na 9), saye ake yi daga masu haƙƙinsa. Inda kuɗi ke tafiya sosai wuri biyu ne: wanke hotunan katunan da za a yi bayani a mataki na 6 da sa musu leda, wanda sau ɗaya ake yi a yi ta amfani da su, sai kuɗin Keke Napep ko mai na zuwa gida sau biyu. Ka faɗa wa iyali wannan tun farko, kada maganar ta taso a ƙofar gida.

2. Lokaci, izini da wanda zai zauna

A yi awon a gidan dattijon, a ziyara biyu, kowace kada ta wuce minti 45 zuwa awa ɗaya. Hantsi ya fi, tsakanin ƙarfe tara da sha ɗaya, bayan ya karya ya sha maganinsa. Ka guji tsakar rana a watannin Maris da Afrilu, ka guji yammacin ranar azumi, domin gajiya za ka auna a lokacin.

Izini daga bakin dattijon ake nema, ko da ɗansa ne ya kira ka ya biya kuɗin mota. Bayan gaisuwa mai kyau, ka durƙusa ko ka zauna daidai da shi, ka ce: "Baba, mun zo ne mu ji yadda kuke tafiyar da al'amuranku, mu ga inda za mu rage muku wahala. Kun yarda?" Idan Dada ce ko Baffa, ka kira su yadda mutanen gida ke kiransu. Wanda Fulatanci ko Tangalanci ko Teranci ya fi kama bakinsa, a nemo mai fassara, amma kada ya zama wanda ke jinyarsa.

Gargaɗi: kada ka yi dukan hirar a gaban suruka ko babban ɗa. Tsohuwa ba za ta ce fitsari na kufce mata a gaban matar ɗanta ba, kuma dattijo ba zai ce an daina shawara da shi a gaban wanda ya daina ɗin ba. Nemi minti goma sha biyar ku kaɗai. Maganar wanka da bayan gida kuwa, mace ta tambayi mace, namiji ya tambayi namiji.

3. Tace abin da zai ɓata awon

Minti biyar ne wannan, amma in ka tsallake shi sauran aikin ya tashi a banza. Tsaya bayansa nisan hannu, ya toshe kunne ɗaya, ka raɗa kalmomin da ya sani ya maimaita, sannan ɗaya kunnen. Tambaye shi ko yana gane fuskar mai shigowa daga zaure. Faɗa masa kalmomi uku, kamar buta, akuya, kasuwa, ka sake tambayarsa bayan 'yan mintuna. Maimakon kwanan watan Bature da da yawa ba su lissafi da shi, tambaye shi wace rana ce a mako, wace salla aka yi ta ƙarshe, a wace unguwa yake. Sau da yawa wanda aka ce ya ruɗe, kunne ne ya yi nauyi ko yanar ido ta rufe shi.

Gargaɗi: idan ruɗewar ta kwana ɗaya ko biyu ce, ko baki ya karkace, ko hannu ya saki, ko magana ta sarƙe, ko numfashi na yi masa wuya yana zaune, rufe takarda. A tafi asibiti a ranar, Asibitin Ƙwararru na Jiha ko Asibitin Koyarwa na Tarayya ko babban asibiti mafi kusa.

4. Hirar jiya

Kada ka ce "Yaya jiki?" ka jira bayani. Amsar ita ce "Alhamdu lillahi, da sauƙi", ko da mutum bai rintsa ba. Kada kuma ka ce "Kuna iya wanka?", domin alkunya za ta sa a ce ana iyawa. Ka bi ranar jiya daga farkonta, ka rataya tambayoyin a kan lokutan salla, tunda da su ake lissafin yini: "Inna, jiya da aka kira asalatu kuna farke? Wa ya kawo muku ruwan alwala? A ina kuka yi sallar, a tsaye ko a zaune? Da gari ya waye me kuka fara yi? Tsakanin azahar da la'asar fa, kuna ina?" Ga dattijon Kirista daga Kaltungo ko Billiri, bi ta addu'ar safe, lokutan abinci, ranar Lahadi da taron zumunta na tsakiyar mako.

Rubuta abin da aka yi, inda aka yi, da wanda ya taimaka. Sai ka tambaya ko jiyan ta yi kama da sauran ranaku. Abin da za ka fi lura da shi shi ne giɓi: awa huɗu ko biyar da amsar ita ce "ina kwance" ko "ina zaune dai". Wannan giɓin shi ne ainihin ciwon da ka zo nema.

5. Cike Katz da Lawton

Ma'aunin Katz na 1963 ya ƙunshi abu shida: wanka, sa tufafi, zuwa bayan gida, tashi daga shimfiɗa zuwa mazauni, riƙe fitsari da bayan gida, da cin abinci. Kowane maki ɗaya in mutum na yi da kansa. Shida cikakke ne, huɗu matsakaicin rauni, biyu zuwa ƙasa rauni mai tsanani. Na Lawton da Brody na 1969 abu takwas ne: waya, cefane, girki, aikin gida, wanki, shiga abin hawa, shan magani, da riƙon kuɗi.

A Amurka aka tsara su, inda ake da gado mai tsayi da masai na zama, don haka sai ka rubuta yanayin da ka auna a gefen kowane maki. Wanda ke kwana a katifa a ƙasa yana tsuguno a masai, aikin da gwiwarsa ke yi ya ninka na mai gado. Wanka a nan ya haɗa da ɗaukar bokiti zuwa banɗaki. Idan jika ne ke kai ruwan tun Baba na da ƙarfinsa, wannan girmamawa ce, kada ka cire masa maki.

Gargaɗi: kuskuren da ya fi yawa shi ne ba namiji sifili a girki da wanki alhali bai taɓa ɗora tukunya ba a rayuwarsa. Su kansu masu ma'aunin Lawton a farko abu biyar suke ƙirga wa maza, ban da girki, wanki da aikin gida. Abin da mutum bai taɓa yi ba, rubuta "bai shafe shi ba". Haka Hajiyar da surukai suka karɓi girki shekara goma da suka wuce.

6. Katunan ayyuka

Katz da Lawton za su gaya maka ko mutum zai iya riƙe kansa. Ba za su gaya maka ko har yanzu ana damawa da shi ba. Nan ne katunan ayyuka ke shigowa. Carolyn Baum da Dorothy Edwards ne suka tsara hanyar a Amurka, bugu na biyu na 2008 na da hotuna 89, kuma ƙasashe da dama sun sake nasu hotunan don su dace da rayuwarsu. Kai ma haka za ka yi. Ɗauki hotuna 40 zuwa 50 na dattawa suna ayyukan da aka sani a nan, da izinin waɗanda ke ciki, a wanke su da girma, aiki ɗaya a kati ɗaya.

Ka tabbata sun taɓo ɓangarori huɗu. Na hidimar gida: cefane, tsintar shinkafa, tuƙa tuwo, ba awaki dusa, cirar kuɗi a wurin mai POS, karɓar fansho. Na nishaɗi mara nauyi: sauraron rediyo, karatun Alƙur'ani ko Littafi Mai Tsarki, jan carbi, ɗinkin hula, saƙar faifai, ɓarar gyaɗa. Na masu cin ƙarfi: zuwa gona, ban ruwa a lambu, jan ruwa a rijiya, hawa keke, zagaya Tudun Hatsi ranar da kaya suka shigo. Sai na zumunci, wanda ya fi kowane nauyi a wurin dattawanmu: jam'i a masallaci, Juma'a, zaman majalisa, gaisuwar rasuwa, suna, ɗaurin aure, dubiya, adashe, Islamiyyar mata, sasanta rigima, renon jikoki.

Shimfiɗa tabarma, ka sa faifai huɗu. Miƙa katunan ɗaya bayan ɗaya ya ajiye kowane inda ya dace: ban taɓa yi ba, ina yi kamar da, na rage, na bari. Ka tsayar da lokacin da ake kwatantawa da shi, misali "kafin ciwon nan" ko "kafin babbar sallar bara", kada ya koma zamanin samartaka.

Lissafin ba wuya. "Ina yi" maki 1, "na rage" rabin maki, "na bari" sifili, "ban taɓa yi ba" a fitar da su gaba ɗaya. A ce katuna 40 ne, 10 bai taɓa yi ba, saura 30. Yana yin 14, ya rage 8, ya bar 8. Wato 14 a tara da 4, ya zama 18. Raba 18 da 30 ka ninka da 100: yana riƙe da kashi 60 cikin ɗari na harkokinsa. Yi wannan lissafin ga kowane ɓangare daban, domin mutum kan riƙe kashi 90 na hidimar gida ya rasa fiye da rabin zumuncinsa, jimilla kuma ta ɓoye hakan.

Gargaɗi: katunan da ka haɗa da kanka ba a gwada su a bincike ba. Lambar da ta fito ta kwatanta mutum da kansa ce, yau da bayan wata uku. Kada ka ce wane ya fi wane da ita.

Katunan na da wani amfani da takarda ba ta da shi. Tsohuwar da ta ce komai lafiya, in ta riƙe hoton mata a gidan suna ta yi shiru tana shafa bakin katin kafin ta ajiye shi a faifan "na bari", ta riga ta ba ka amsa. Kada ka yi saurin miƙa na gaba.

7. Tambayi dalilin kowane abin da aka bari

A ganinmu wannan ne matakin da ya fi kowane daraja, kuma shi aka fi tsallakewa. Ɗauki katunan "na rage" da "na bari", ka bi su da tambaya ɗaya: "Me ya raba ku da shi?" Amsoshin kan faɗa gida biyar, kuma maganin kowane daban.

Akwai jiki: gwiwa, jiri, numfashi, ido. Akwai tsoro, musamman bayan faɗuwa ɗaya, ko tsoron fitsari ya kufce a sahu. Akwai wuri: kwatar da ke ƙofar gida, matakalar masallaci, rashin wanda zai ɗauka a mashin. Akwai rashi: abokan majalisa sun rasu, ko babu abin da za a riƙe a shiga gidan biki da shi, mutum ya gwammace ya zauna da ya je hannu rabbana. Sai na biyar, wanda ya fi wuyar kamawa saboda ƙauna ce ta haifar da shi, wato "Ku huta, Baba". 'Ya'ya sun karɓe makullin shago, an sayar da awakin Inna don kada ta wahala, an hana ta ɗaukar jika. Cikin wata shida ƙafar da ba a takawa ta yi sanyi, a ce tsufa ne.

Idan amsar ita ce "ba na jin daɗin komai", ko "me ya rage mini", ko barci da cin abinci sun lalace, ko ya rame fiye da kilo uku cikin wata uku, a haɗa shi da likita. Ciwon damuwa a tsufa yana da magani, kuma yakan ɓuya a bayan kalmar haƙuri.

8. Gani ya kori ji

A ziyara ta biyu, zaɓi ayyuka biyu ko uku ka ga an yi su a inda aka saba yi, da kayan da aka saba. Alwala ta fi kowane aiki nuna abubuwa da yawa a lokaci guda. Duba yadda yake sauka kan 'yar kujera: a hankali, ko sakin jiki yake yi ya faɗa? Hannu na iya karkata buta cike, ko sai an rage ruwan? Yana bin jerin gaɓɓai daidai, ko yana maimaita fuska ya manta hannu? Da ya zo ƙafa, yana iya sunkuyawa ya tsettsefe yatsu, ko zuba ruwa kawai yake daga sama? Mai ciwon suga, duba tsakanin yatsun nan da idonka. Sannan tashi: me ya dafa, bango ko butar da ba za ta riƙe shi ba? Silifas ɗin ya jiƙe, simintin ya jiƙe, a wannan taku na farko ake yawan faɗuwa.

Kada ka taimaka sai in zai faɗi, kada ka gyara masa, kuma ka roƙi 'yan gida su riƙe hannunsu. Tsaya kusa, ta ɓangaren da ya fi rauni. Rubuta lokacin da aikin ya ci da irin taimakon da aka buƙata: tuni da baki, riƙe hannu, ko ɗagawa.

Sai gwajin tashi ka je ka dawo. Auna mita 3 daga ƙafar kujera ka ja layi. Yana zaune ya jingina, da takalminsa da sandarsa in yana riƙewa. Ka ce "bismilla", ya tashi, ya taka yadda ya saba zuwa layin, ya juyo, ya zauna. Yi na gwaji sau ɗaya, ka ƙirga na biyu. Daƙiƙa 12 ko fiye alama ce ta haɗarin faɗuwa.

Gargaɗi: farar kujerar roba tana zamewa kuma ƙafafunta na buɗewa. In ita kaɗai ke akwai, haɗa biyu a jingina da bango. Wanda ya ce yana jin jiri in ya miƙe, auna hawan jininsa bayan ya kwanta minti biyar, ka sake a minti ɗaya da minti uku da tsayuwa. In lambar sama ta sauka da 20 ko ta ƙasa da 10, dakatar da gwajin tafiya, a kai wa likita dukan magungunan da yake sha, har da na gargajiya da na kemis.

Kafin ka fita, bi hanyar da yake bi da dare daga shimfiɗa zuwa banɗaki. Ƙirga taku. Duba tsayin dokin ƙofa, bakin tabarmar da ya naɗe, turken akuya da igiyarsa, gansakukar da damina ke bari a gindin rariya, da inda tocila take in an ɗauke wuta.

9. Shi zai zaɓi abin da za a sa gaba

Mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Tsarin COPM, wanda Mary Law da abokan aikinta suka fitar a Kanada a 1991, a kan haka ya ginu: mutum ya zaɓi matsaloli har biyar da suka fi damunsa, ya ba kowace maki daga 1 zuwa 10 a kan yadda yake yin aikin, da wani makin a kan gamsuwarsa. Ga wanda lamba a takarda ba ta yi masa ma'ana, zuba waken nan goma a faifai: "Baba, in yadda kuke so ku riƙa zuwa masallaci shi ne waken nan duka, nawa ke hannunku yau?" Ya ja nasa gefe. Sake tarawa, ka tambayi gamsuwa.

Za ka ga zaɓinsa ya saba da na iyali. Su wanka da magani ke gabansu, shi kuwa sujada yake so ya koma yi, ko ya zauna a shagonsa ko da awa biyu ne. Rubuta na kowa, amma nasa ne a sama. Maganar salla a zaune, addini ya yi rangwame, sai dai dattawa da yawa sun fi karɓar wannan daga bakin limaminsu, don haka a sa shi a ciki.

10. Rubutawa da ranar komawa

Shafi ɗaya ya isa: makin Katz da Lawton tare da yanayin da aka auna, kason kowane ɓangare na katuna, dalilan bari, daƙiƙun gwajin tafiya, haɗurran gida, da buri biyar da makinsu. Kowane buri a rubuta shi yadda za a iya gani, da lokaci: "Zai je sallar la'asar a masallacin unguwa da sanda, jikansa na gefensa, sau uku a mako, nan da mako shida." Kalmomi irin su "ƙara kuzari" ba su aunuwa.

Karanta wa dattijon abin da ka rubuta kafin ka karanta wa kowa, ka tambaye shi abin da bai so a faɗa wa 'ya'yansa. Sannan a zauna da iyali a raba aiki da suna: wa zai kafa ƙarfen dafawa a banɗaki, wa zai samo kujerar masai, wa zai raka shi Juma'a, wane aikin gida za a mayar wa Inna a hannunta.

A sake awon bayan mako shida zuwa takwas, sannan duk wata uku, da katuna iri ɗaya, kujera iri ɗaya, a lokaci ɗaya na yini. A makin COPM, canjin maki 2 ko fiye shi ake ɗauka canji na gaske. Idan ya faɗi, ko aka kwantar da shi a asibiti, ko abokin zamansa ya rasu, ko aka mayar da shi gidan wani ɗa a wata unguwa, kada a jira wata ukun, a koma cikin mako biyu a fara daga mataki na 3.